Yadda Orest Ya Saya wa Gari Ɗumi

Akwai wani mutum a garinmu Verba, Orest Danylko sunansa, yana nan da ransa, bakinsa ma bai ragu da komai ba. Shi dai Orest babu abin da bai sani ba. In ana maganar alkama ya fi manomi, in ana maganar ciwon baya ya fi likita. Shekara shida ke nan da ya ajiye tuƙin motar makaranta ya koma zaman shagon kofi, tun takwas na safe har sai mai shagon ta fara goge tebur ta ƙarƙashin gwiwar hannunsa.

Matarsa Lesia ba ta da yawan magana. Kullum tana kicin tana ƙulla perogi, wato ƙananan ƙullun fulawa da ake cusa wa dankali ko cuku a dafa, ta kai kasuwar Asabar ta sayar dozin-dozin. Shekara uku tana matse bakin ƙullu har yatsunta suka daina miƙewa sosai, ta tara dala dubu biyar. Kuɗin na injin ɗumama gida ne. Nasu ya girmi 'yarsu ta fari, in zai tashi sai ya yi tari kamar tsohon mashayin taba. Wes mai gyara ya leƙa cikinsa ya ce, "Lesia, wannan ba zai ga ƙarshen sanyin bana ba." Aka tsayar da magana, farkon Disamba zai zo ya saka sabo.

Saura sati biyu, sai Gordon Thiessen, mai manyan gonakin nan na yamma da gari, ya yi wata magana a shagon kofi. Zauren taron gari shi ma injin ɗuminsa ya tsufa, kwamiti na neman gudummawa, Gordon ya ba da dala dubu huɗu.

"Kai, ka yi ƙoƙari," in ji Wes.

"Ba wani ƙoƙari. Kwamiti za su ba ni rasit, in lokacin haraji ya zo kusan rabi zai dawo mini."

Orest ya ajiye kofinsa a hankali. Ya shiga lissafi da yatsu a ƙarƙashin tebur.

Ran Lahadi aka yi taro a zauren. Lesia na can kicin ɗin baya tana wanke kofuna, sai ta ji tafi kamar rufin zai tashi. Ta leƙo da soso a hannu. Ga Orest a tsaye gaban jama'a, ya ɗaga cek sama yana juya shi hagu da dama don na baya su gani.

"Dubu biyar! A rubuta sunana a saman allon tagulla na masu gudummawa. A sama na ce, ba ƙarƙashin wani manomi ba."

Malama Doreen ce ma'ajin kwamiti. Tsohuwar malamar lissafi ce, rabin garin ta koyar da su, kuma ita ke cika wa tsofaffi takardun haraji kyauta duk shekara. Ta karɓi cek ɗin, ta dube shi ta saman tabarau, ta rage murya.

"Orest, zo gefe mu ɗan yi magana kafin in kai wannan banki."

"Malama, ki kai kawai. Rasit ɗin dai ki sa sunana da na Lesia, duka biyun."

"Akwai abin da ya kamata ka sani game da..."

"Ni za ki koya wa haraji? Ni da shekara shida gwamnati na nemana ba ta same ni ba?"

Aka yi dariya, aka ƙara tafi. Lesia ta koma ta ƙarasa wanke kofunan, ta wanke wasu ma sau biyu.

Sai da suka isa gida ta cire takalmi sannan ta ce, "Orest, wane kuɗi ka bayar?"

"Wa ya ce miki bayarwa na yi? Aike na yi. Za su je su dawo."

"Kuɗin injina."

"Zauna ki gani." Ya jawo kwalbar gishiri da ta barkono ya jera a tebur. "Wannan ni ne, wannan ke ce. Gordon mutum ɗaya ne, rabi ake mayar masa. Mu biyu ne a rasit. Rabi na gishiri, rabi na barkono. Rabi da rabi nawa ke nan?"

"Ɗaya."

"To! Kuɗinki ya dawo cif a watan Maris, sunanmu na kan tagulla har jikoki, ko sisi ba mu kashe ba."

"In haka ne me ya sa kowa bai yi ba?"

"Saboda kowa ba Orest ba ne."

Daga ɗakin da ke ƙarƙashin gida injin ya yi wani dogon tari. Lesia ta kalli ƙasa, ta kalli mijinta.

"Kafin Maris fa?"

"Zai kai. Na san halinsa, shagwaɓa ce kawai."

Da a nan ya tsaya da da sauƙi. Amma Orest ya ce uwar kuɗi ta riga ta tsira, saura riba, kuma duk rasit ɗin da bai shigo hannu kafin ƙarshen Disamba ba sai wata shekarar. Ya samo kwalin takalmi ya rubuta RASIT a murfin da manyan baƙaƙe, ya shiga farauta.

Da kujerar gareji ya fara, wata doguwa mai launin ganye da ta shekara goma ƙarƙashin tsofaffin tayoyi. Ya ɗora ta a bayan motarsa ya kai shagon tsofaffin kaya na coci. Bernice mai kula da shagon ta fito tana ɗaura gyale.

"Na kawo muku kyauta. Rubuta mini rasit na dala dubu biyu."

"Dubu biyu na me?"

"Kayan tarihi ce. Wani bishop ya taɓa zama a kanta."

"Ya tashi da rai?"

"Bernice, irin wannan katakon ba a yinsa yanzu. Ji nan." Ya ɗaga hannu ya buga wa kujerar wani duka. Ƙura ta tashi, sai ga ɓeraye suna fitowa ta ƙasan matashi, uwa a gaba, 'ya'ya biyar a baya, suka bi ta tsakanin ƙafafun Bernice suka shige shago. Bernice mai shekara saba'in, wadda ke cewa gwiwa ta hana ta durƙuso a coci, sai ga ta a kan teburin kwanuka.

"Fitar mini da ita! Fitar da ita ko in kira maka Lesia!"

Juji ya kai ta, can ma sai da ya biya dala ashirin kafin su karɓa. Mai gadin jujin ya yago masa 'yar takarda. Orest ya duba ta gaba da baya, ya ninke ya jefa a kwali.

"Na zubar da shara ne fa wannan," in ji Lesia da ta gani.

"Akwai lamba? Akwai kwanan wata? To rasit ne."

Sati na gaba aka yi dusar ƙanƙara ta kwana biyu, ta taru a rufin zaure har gwiwa. Ba wanda ya aike shi, Orest ya ɗauko tsani da shebur ya hau. Daga sama yake yi wa masu wucewa bayani: ƙwararre irinsa dala tamanin yake karɓa a awa, zai yi awa biyar kyauta, kwamiti su rubuta masa ɗari huɗu.

"Ka ɗaura igiya a ƙugu!" Wes ya ɗaga murya daga ƙetaren titi.

"Igiya ta masu koyo ce!"

Ya yi ta kwasa yana watsowa ƙasa bai duba inda take sauka ba. Da ya kai tsakiya ya miƙe ya ɗaga shebur don a gan shi da kyau, sai duk abin da ya rage a rufin ya taho gaba ɗaya, da shi a kai. Matan da ke wasan kati a ciki suka ji ƙara suka fito. Tulin ƙanƙara suka tarar, da takalma biyu a sama suna motsi. Huɗu suka kama ƙafar dama, uku suka kama ta hagu, suka zaro shi kamar karas.

Yana tofar da ƙanƙara ya ce, "Ina Malama? Awa biyar ne, har da saukowa."

Malama Doreen na tsaye riƙe da jaka. "Aikin hannu ba a ba shi rasit, Orest. Sai kuɗi ko kaya."

"Wace doka ce wannan?"

"Wadda ka ce ka fi ni sani. Yanzu gaya mini, ina motata?"

Aka duba. Motar tana ƙarƙashin tulin da ya yi awa uku yana tarawa. Sai da ya ƙara awa biyu kafin madubinta ya fito.

A cin abincin Kirsimeti na zaure ake gwanjon kek don asusun kwamiti. Orest ya zauna a layin gaba da kuɗin fanshonsa na wata a aljihu. Aka ɗaga wani kek na zuma mai hawa bakwai.

"Talatin," in ji Gordon.

"Hamsin!"

"Sittin."

"Ɗari! Manomi, koma ka ƙirga buhu!"

Gordon ya yi murmushi ya naɗe hannu. Amma Orest ya riga ya ɗauki zafi, bai lura an bar shi shi kaɗai ba. "Ɗari da ashirin! Ɗari da hamsin!"

Lesia ta jawo bakin rigarsa. "Da kanka kake yi."

"Bar ni, na kusa karya shi."

"Orest, kek ɗina ne. Jiya ka lashe kwanon."

Mai gwanjo ya buga guduma. Orest ya yanka kek a wurin ya raba wa tebur, ya cinye kashi uku don kada a ce bai ji daɗinsa ba. Da rasit ya zo, ɗari da ashirin da biyar aka rubuta.

"Malama, kin ci mini ashirin da biyar."

"Kai ka ci su, ga su nan a gashin bakinka. Abin da ka samu a madadi ana cire kuɗinsa."

"Ai kek ɗin gidana ne!"

"To da ka ci shi a gida."

Injin ya yi ƙoƙari, a gaskiya. Ya ja Janairu da tari, ya ja rabin Fabrairu da guduma, don duk sanda ya tsaya sai Orest ya sauka ya buga masa uku a gefe. Ran wata Talata, sanyi ya kai talatin da biyar ƙasa da sifili, aka buga uku shiru, aka buga goma shiru. Orest ya kwance wani bututu ya ce ya gano matsalar. Kafin Lesia ta ce a kira Wes, hayaƙi ya cika gida, ƙararrawar gobara ta kama ihu, maƙwabciya ta kira 'yan kwana-kwana.

'Yan kwana-kwanan garinmu kuwa 'yan sa-kai ne, wato dai mutanen shagon kofi ne suka sa hular ƙarfe. Gordon ne riƙe da tiyo, Wes na bayansa. Babu wuta, hayaƙi ne kawai, amma Wes ya sauka ya hau yana girgiza kai.

"Ya mutu. Wannan karon har an binne."

"Gwaji nake yi," in ji Orest, yana tsaye a ƙanƙara da silifa.

"Gwajin ya yi kyau," in ji Gordon. "Mun gani tun daga titin jirgin ƙasa."

Maƙwabta suka ara musu ƙananan hita uku na lantarki. In an kunna biyu da butar shayi sai wutar gidan ta ɗauke. Lesia ta tattara rayuwarta ta koma kicin, riga kan riga, ta bar famfo na ɗiga don kada bututun ruwa ya daskare ya fashe. Ƙullun perogi ya ƙi laushi, yatsunta suka ƙi lanƙwasa, Asabar biyu ba ta je kasuwa ba. Kyanwarsu ta duba yanayi ta koma gidan maƙwabciya da zama. Shi kuwa Orest da safe sai ya tafi zaure, inda sabon inji ke hura iska mai daɗi, ya ja kujera ƙarƙashin allon tagulla ya miƙe ƙafa. Duk wanda ya shigo ya cire hula sai ya ce masa, "Ka ji ɗumi? Nawa ne. Sha, ba komai."

Asabar ta farko a Maris Malama Doreen ta kafa teburinta da kwamfuta a zauren. Orest ya gayyaci duk shagon kofi su zo su ga yadda ake yi. Ya sa rigar sanyi uku ya ɗaura nakatai a kan ta sama, ya rungumo kwali. Lesia ta biyo shi, ta zauna dab da inda iskar ɗumi ke fitowa, ta ɗora hannuwanta a kai. Perogi nawa ne wannan iskar, ta fara lissafawa, sai ta bari.

Orest ya ajiye kwalin da ƙarfi. "Malama, buga. Wes, kawo injinka ran Litinin, mai tsadar. Gordon, matso, karatu kyauta ne."

"Orest, ko mu shiga ofis mu rufe ƙofa?"

"A nan. Ba ni da abin ɓoyewa."

Ta buɗe kwali. Ta ɗago ta farko. "Wannan ta juji ce." Ta ajiye gefe. "Wannan tikitin caca ne na ƙungiyar wasan ƙanƙara. Wannan ta man mota ce. Wannan... Orest, wannan takardar maganin basir ce."

"Ta faɗa ciki ne."

Bernice ta toshe baki da gyale. Aka tace kwali kaf, biyu suka rage, na dubu biyar da na kek.

"Su ne manyan ai. Sa babban a takardata, ki sake sa shi a ta Lesia."

"Rasit ɗaya sau ɗaya ake amfani da shi. Ko kai, ko ita, ko ku raba."

"Sunaye biyu ne a jiki!"

"Ko sunan duk Verba ne a jiki."

Orest ya ɗan sassauta nakatai. "To, a ba ni rabin. Rabi ma kuɗi ne. Dama na yi tanadin haka."

Malama ta yi ta danne-danne, ta tsaya, ta cire tabarau. "Bara nawa ka biya na haraji?"

Nan ya samu inda zai miƙe. Ya juya ya fuskanci jama'a. "Ko sisi! Bara, bara waccan, shekara shida. Fanshona na tsara shi daidai yadda hannunsu ba zai kai ba. Gordon, kai nawa suka yanke ka?"

"Da yawa," in ji Gordon.

"Kun ji bambanci."

"Lesia fa?" in ji Malama.

"Abin da nake samu bai kai a cire ba," in ji Lesia a hankali.

"To shi ke nan. Wannan rasit ba kuɗi yake kawowa ba, Orest. Haraji yake ragewa. Gordon ana cire masa da yawa, shi ya sa ake rage masa da yawa. Kai ba a cire maka komai. Me za a rage?"



"Nawa ke nan zai dawo?"

Ta juyo masa da fuskar kwamfuta. Ya sunkuya, ya goge ido, ya ƙara sunkuyawa.

"Ina sauran lambobin?"

"Ita ke nan. Sifili."

Wes ne ya fara, ya yi ƙoƙarin mai da ita tari bai iya ba. Daga nan zauren ya ɓarke. Bernice na riƙe da ciki tana cewa a kira bishop ya zo ya zauna. Gordon ya cire hula ya rufe fuska, kafaɗunsa na rawa. Orest ya tsaya yana kallon sifilin a fuskar kwamfuta.

Lesia ba ta yi dariya ba. Ta taso daga wurin ɗumi ta zo gaban tebur.

"Malama, takardar ta mutu ke nan?"

"Ba ta mutu ba. Tana iya jira har shekara biyar. Duk shekarar da ɗayanku ya samu abin da za a cire masa haraji, sai ta yi aiki."

"Wato sai mutum yana aiki ana biyansa."

"Haka ne."

Lesia ta juya. "Wes, har yanzu kana neman mai ɗaukar maka kaya?"

Wes ya share hawaye. "Tun kaka nake nema. Hawa tsani ne, da rarrafe a ƙarƙashin gidaje, da jan bututu."

"Ya iya tsani. Saukowa ce ba ta zauna masa ba tukuna. Ka saka mini inji, shi kuma ka ɗauke shi. Albashin ya biyo ta hannuna."

"Lesia," in ji Orest, "ni fa na yi ritaya. Bayana..."

"Ka fi likita sanin ciwon baya, za ka san yadda za ka yi da shi."

"In na yi aiki ai haraji za su cire mini!"

"Shi muke nema," in ji ta. Ta zare rasit ɗin daga hannun Malama, ta ninke shi biyu ta sa a jakarta ta ja zif.

"Litinin, bakwai na safe," in ji Wes. "Da gidanku za mu fara. Ka zo da safar hannu."

Orest ya dubi jakar, ya dubi jama'a. Ya gyara nakatai, ya ɗaga haɓa.

"Kun ji dai da kunnenku, shekara biyar ta ce. Ai dama tsarin na shekara biyar ne. Ku da kuke gaggawa..."

"Bakwai saura kwata," in ji Lesia. "Sai ka fara fito da tsohon injin daga ƙasa."